Zanen da ke sauraron tafin hannu: rubutun aiki, Janairu zuwa Afrilu 2025

Asabar, 4 ga Janairu

Bismillah. Yau na fara kashe kuɗi, don haka yau zan fara rubutawa. Shekara biyu ke nan ina yawo da abin nan a kai: zane a bango wanda zai sauya bisa halin da mai kallonsa ya zo da shi. Ka zo da damuwa ya nuna, ka zo da farin ciki ya nuna. Abokai sun gaji da ji, har wani ya laƙaba masa suna zanen aljanu.

Kalmar da kanta ce ta ba ni dabara. Akwai zane na ɗaurawa, akwai zane na alƙalami, ni kuwa duka biyun nake so a abu guda. Farin yadi za a ƙulle a rina da baba, a miƙe shi a firam na katako, fitilu a bayansa. A gabansa ƙwarya a kife, mutum ya ɗora tafinsa a kai, jikinsa ya yi magana, zanen ya amsa.

Ba ni na fara irin wannan ba. Rafael Lozano-Hemmer, mutumin Meziko, ya cika ɗaki da ƙwayayen lantarki a garin Puebla a 2006. Ka riƙe ƙarfe biyu, ƙwai ya ɗauki bugun zuciyarka ya riƙa kyaftawa da shi. Nasa bugu kaɗai yake nunawa. Ni kwaɗayina ya wuce nan, so nake nawa ya bambance fushi da murna.

Kantin Kwari: farin alawayyo yadi 5, N11,000. Kasuwar Kurmi: ƙwarya biyu, N3,000, ɗaya ta ajiya saboda na san hannuna. Adaidaita N1,200. Jimla: N15,200.

Laraba, 8 ga Janairu

Sabon Gari. Arduino Uno, ƙaramin allon kwamfuta da zai riƙa ba fitilun umarni, N14,000, zaren fitilun WS2812B mita 5 N27,000, wayoyi da dalma da tarkace N4,500. Jimla: N60,700.

Ƙwai 60 ne a kowace mita, 300 ke nan, kuma kowanne yana da ja da kore da shuɗi a cikinsa, ana iya ba shi umarni shi kaɗai. Da na dawo ban ko cire takalmi ba na jona. Guda goma na farko suka kama, na ji kamar in yi guɗa. Sai na zare waya na mayar alhali wuta na ciki, komai ya mutu.

Mai gyaran rediyon bakin layinmu ya duba da mitarsa, ya ce ƙwan farko ne ya ƙone. Da yake saƙon ta cikinsa yake bi ya isa na gaba, mutuwarsa ta rufe wa saura hanya. Ya yanke shi ya sake like waya, ya sa rizista a layin saƙo, kafasita a bakin wuta. Na zaro kuɗi ya ture hannuna. "Malam, kai dai ka daina jona abu da wuta a ciki, shi ne ladana." Saura ƙwai 299.

Asabar, 11 ga Janairu

Na kai yadin wurin wata baiwar Allah mai ƙulli a cikin gari. Na zana mata a takarda: zagaye cikin zagaye daga tsakiya, ɗigo-ɗigo a tsakaninsu. Ta ce kwana huɗu. N6,000.

Alhamis, 16 ga Janairu

Marinar Ƙofar Mata tun hantsi. Ana cewa tun 1498 ake rini a wurin, kuma ramukan da ke aiki yanzu kaɗan ne a cikin waɗanda ke nan a bushe. Dattijon da ya karɓi aikina ya juya yadin, ya duba ƙullin, ya tambayi irin duhun da nake so. Na ce mai duhu sosai, kamar turkuɗi.

Na zauna kusan awa huɗu ina kallo, ban ji na ɓata lokaci ba. Ruwan ramin baba ne da toka da katsi, an bar su sun ruɓa tare, kumfa mai ƙyalli a sama, warin kuma sai wanda ya saba. Ya tsoma yadin, ya ɗaga, ya tsoma, ya ɗaga. Abin da ban taɓa lura da shi ba duk zamana a Kano: yadin ba shuɗi yake fitowa ba. Kore-kore yake fitowa, sai iska ta buge shi ya rikiɗe a gaban idonka. Shi ya sa ba a jiƙa shi a tafi, sai an yi ta ɗagawa yana shan iska.

Ya tambaye ni riga zan ɗinka ko mayafi. Na yi masa bayanin fitilu da ƙwarya da zuciya. Ya ci gaba da tsomawa bai ɗago ba, can ya ce, "To shi zanen, in ya gane abin da ke ranka, wa zai gaya wa?"

Na ce, "Baba, ai kai zai nuna wa."

Ya ce, "Ni da na riga na sani?"

Na yi dariya kawai. Rini N9,000. Jimla da kuɗin ƙulli: N75,700. Ban kai wa mabuga ba, ƙyallin bugu zai hana haske zama yadda nake so.

Lahadi, 19 ga Janairu

Warware ƙulli da reza. Na yanke yatsa, na huda yadin wuri biyu. Fararen zagayen sun fito tas.

Asabar, 25 ga Janairu

Kwana biyar ina fama da kyamara, yau na haƙura da ita.

Hausawa sun ce labarin zuciya a tambayi fuska, don haka na ɗauka nan ce hanya mafi sauƙi. Na sauke wata manhaja ta kyauta a laftof, irin wadda ke duba fuska ta faɗi halin mai ita. Kusan dukkan irinsu a kan aikin Paul Ekman aka gina su, Ba'amurken da ya ce akwai yanayi shida da fuskar ɗan Adam ke nunawa iri ɗaya a ko'ina: farin ciki, baƙin ciki, fushi, tsoro, mamaki, ƙyama. Manhajar ta ƙara na bakwai, wato ba komai. Tun daga jerin na fara jin wani iri. Ina kunya? Ina kewa, ina takaici, ina kawaici? Rabin abin da ke faruwa a tsakar gidanmu ba ya cikin shidan nan.

Na dai gwada. Ni ta ce ba komai, ko da na ɓata rai da gangan. Ƙanena ya washe baki ta ce farin ciki, ya yi hamma ta ce tsoro. Ƙanwata in dariya ta kama ta, gefen mayafi take ja ta rufe baki, nan take akwatin da ke bin fuskarta ya ɓace. Matar yayana da niƙabi ta shigo, manhajar ba ta ma san an shigo ba. Da magariba ta yi, ɗakin ya ɗan yi duhu, mu duka ta daina ganinmu, kuma aikin nawa dole a ɗaki mai duhu za a kalle shi.

Da na koma karatu sai na ga ba laftof ɗina ne mai laifi ba. A 2018 Joy Buolamwini, 'yar asalin Ghana da ke jami'ar MIT ta Amurka, ita da Timnit Gebru sun gwada manhajojin manyan kamfanoni a kan abu mai sauƙi, bambance mace da namiji. Kuskure a kan maza farare bai wuce kashi 0.8 cikin ɗari ba, a kan mata baƙaƙe ya kai 34.7. A 2019 kuma Lisa Feldman Barrett da abokan aikinta suka bi binciken da aka tara a kan fuska, suka ce motsin fuska ba hujja ba ce tsayayya a kan abin da mutum ke ji. Microsoft ma ta janye wannan sashe daga manhajarta ta gane fuska a 2022.

Wanda ya taɓa ganin amarya tana kuka ranar kai ta, ko mai gida yana murmushin yaƙe gaban baƙin da suka zo ba shiri, bai buƙaci bincike ba. Karin maganar ba ta yi ƙarya ba, amma mai tambayar fuskar mutum ne da ya san mai ita.

Asara: kwana biyar da datar N3,000 da ban sa a lissafi ba.

Talata, 28 ga Janairu

Saƙona ya iso daga Legas. Sensar bugun zuciya MAX30102 N6,000, garin fenti mai sauya launi da zafi N13,000, kuɗin mota N3,500. Jimla: N98,200.

Sensar ba ta kai farcen babban yatsa ba. Tana haska ja da wani hasken da ido ba ya gani cikin fatar yatsa, ta auna abin da ya dawo. Duk bugu jini na ƙaruwa a yatsa, hasken da ke dawowa ya ragu, da haka ake ƙirga. Nawa 74 a minti.

Da asuba ta ƙi karanta kowa. Sanyin hunturu ya sa jini ya janye daga yatsu, sai an murza hannu ko an riƙe kofin shayi tukuna. Yatsan ƙanwata mai baƙin lalle ma da ƙyar, amma da ta sauya zuwa inda jan lalle ne kaɗai ya kama.

Fentin kuwa ya burge ni. Baƙi ne, in zafi ya kai digiri 31 sai ya washe. Na shafa a bayan ƙwaryar, na ɗora tafi na ɗaga, ga hannuna ɓaro-ɓaro, yatsu biyar, yana dushewa a hankali. Yara sun yi layi har isha.

Asabar, 1 ga Fabrairu

Kafinta ya kawo firam, mita 2 a tsaye, ɗaya da rabi a kwance, zurfin taƙi guda. N24,000. Jimla: N122,200.

Matsala biyu. Ta farko, na ce a yi mini duhu, an kuwa yi mini. Haske ba ya ratsa shuɗin ko kaɗan, ta fararen ɗigon kawai yake fita. Na zauna ina jin haushin kaina, sai ƙanena ya kashe fitilar ɗaki. Kai! Kamar ka kwanta a soro a daren da babu wata. Ban shirya haka ba, kuma ya fi abin da na shirya.

Ta biyu, na ba da umarnin fari, farkon zaren ya yi fari, tsakiya ruwan ƙwai, ƙarshe ja-ja kamar garwashin da ya kusa mutuwa. Lissafin da ya kamata in yi tun a kasuwa: kowane ƙwai in ya cika haske yana jan kusan miliamfiya 60, sau 300 amfiya 18 ke nan. Ni kuwa da cajar waya nake ba shi. Wutar tana raguwa a hanya, shuɗi ne ke fara sarewa saboda ya fi ja buƙatar ƙarfi.

Talata, 4 ga Fabrairu

Akwatin wuta mai bolt 5, amfiya 20, N21,000. Na ba zaren wuta ta kai da ta wutsiya da tsakiya. Fari ya zama fari. Jimla: N143,200.

Alhamis, 6 ga Fabrairu

Fitilu su kaɗai lafiya, sensa ita kaɗai lafiya, in na haɗa su Arduino ya sandare. Ƙwaƙwalwar aikinsa kilobait 2 ce kacal, kowane ƙwai na cin bait 3, fitilun kaɗai sun kwashe kusan rabi. Ga shi lokacin da yake aika musu saƙo ba ya sauraron komai, bugu ya wuce bai ƙirga ba. Na koma ESP32, allo irin Arduino amma mai babbar ƙwaƙwalwa, N11,500. Da shi na fara da na huta. Jimla: N154,700.

Lahadi, 9 ga Fabrairu

Babu wuta tun Juma'a. Ban yi komai ba sai goge ƙurar da ta shiga firam.

Juma'a, 14 ga Fabrairu

Makon gumi. Bugun zuciya shi kaɗai ba ya sauyawa da sauri yadda ido zai gani, don haka na ƙara ma'aunin fata. Maƙeri ya yanko mini tagulla biyu kamar kwabo, N2,000, na kafa su a bayan ƙwaryar inda tafi zai sauka. Dabarar tsohuwa ce, wani likitan Faransa, Charles Féré, ya lura da ita tun 1888: in wani abu ya taɓa ran mutum, tafinsa na sakin gumin da shi kansa ba ya ji, sai wuta ta fi saurin bi ta fatar. Da wannan na'urar da ake ce wa mai gano ƙarya take aiki, tare da bugu da numfashi.

Na gwada a kan ƙanena. Ya ɗora hannu, layi ya kwanta a allon laftof. Na ce, "Baba ya ga sakamakonka na jarrabawa." Daƙiƙa biyu, layin ya miƙe tsaye. Muka yi ta dariya. Na tafa hannu a bayan kunnensa, ya sake miƙewa. Na ce ya ja dogon numfashi, haka. Na ambaci sunan wata yarinya a layinsu, haka dai. Na rubuta wannan a gefe na wuce, ban tsaya na yi tunanin abin da yake gaya mini ba.

Hannun da hunturu ya busar ba ya ba da komai, wanda aka shafa wa man kaɗanya kuma sai shirme. Na sa tsumma mai ɗan laima a gefe, a goge tafi kafin a ɗora.

Abin da ya tsorata ni ranar Laraba ne. An kawo wuta, laftof na caji da wata cajar da na saya da araha, ƙwaryar na jone da laftof. Ƙanena ya ɗora hannu ba takalmi, a kan siminti, ya fizge da ƙarfi. "Yaya, abin nan yana ja!" Ba sosai ba ne, amma jikina ya yi sanyi. Abu ne da nake so tsofaffi da yara su taɓa. Mai gyaran rediyo ya wanke ni tas, kuma yana da gaskiya. Yanzu ƙwaryar na da nata allon, tsohon Arduino ba zai iya ba don haka na karɓi aron wani ESP32 a wurin aboki, tana cin wuta daga fawa banki, tana aika saƙo ta iska. Babu wayar da ta haɗa hannun mutum da soket. Cajar na jefa ta a shara.

Jimla: N156,700.

Talata, 18 ga Fabrairu

Na raba launuka. Bugu a hankali, fata a kwance: shuɗi, natsuwa. Bugu ya ɗan ɗaga: ruwan zinare, murna. Bugu da gumi sun tashi tare: ja, fushi. Na rubuta a kwali da babban baƙi na manna a gefen firam.

Asabar, 22 ga Fabrairu

Ban so rubuta na yau ba, amma in na tsallake shi sauran rubutun ƙarya ne.

Na kira 'yan gida da maƙwabta gwaji na farko bayan la'asar, mun kai mutum goma sha biyar a ɗakin zaure, an toshe taga da bargo. Abin ya yi armashi. Wani ya samu zinare aka yi masa tafi, wata ta samu shuɗi aka ce dama ita ba ta da hayaniya. Yara na karanta kwalin da ƙarfi kamar masu sanar da sakamakon zaɓe.

Sai Gwaggo ta shigo. Yayar mahaifinmu ce, tun da mijinta ya rasu bara ta dawo gidanmu da zama. Ni dai ban ga hawayenta ba, ko ranar rasuwar, ko cikin takaba. Ita ce ma ke ba masu kuka haƙuri. Ba ta yi niyyar taɓawa ba, yara suka ja ta. Ta zauna a kujera 'yar tsugunno, ta goge tafi, ta ɗora. Shuɗi, zagayen na buɗewa suna rufewa a hankali. Ta ɗan matsa kusa da zanen tana duba ƙullin, ta ce wadda ta yi ta iya. Sai na ga ta ja numfashi ta hanci, ta tsaya.

Yadin har yanzu yana warin baba. Marigayin fataucin baƙin rawani ɗan Kura ya yi shekara da shekaru, hannunsa da wuyan rigarsa kullum da shuni. Ni na san haka. Ban kawo shi a raina ba ko sau ɗaya.

Fuskarta ba ta motsa ba. Zanen ne ya kama ja tun daga tsakiya har gefe, yana bugawa da sauri, ya haske ɗakin duka. Wani yaro ya duba kwali ya ɗaga murya, "Gwaggo ta yi fushi! Gwaggo ta yi fushi!" Sauran suka ɗauka. Manya suka yi tsit, don su sun gane.

Ta janye hannunta ba gaggawa, ta gyara mayafi, ta miƙe. A bakin ƙofa ta juyo ta ce mini, ba da faɗa ba, "Ɗan nan, ba don tuwo kaɗai aka yi ciki ba." Ta shige.

Na sallami mutane. Umma ba ta ce mini komai ba, wanda ya fi faɗan ciwo.

Lahadi, 23 ga Fabrairu

Na je gaishe ta da safe, na durƙusa na ba ta haƙuri. Ta ce, "Me ka yi? Tashi ka je ka karya." Ban taɓa aikin ba.

Laraba, 26 ga Fabrairu

Na koma kan abin da na rubuta ranar 14. Tsoro, tafi a bayan kunne, dogon numfashi, sunan budurwa, duk layi ɗaya suka ba ni. Na'urar ba ta san fushi ba, ba ta san kewa ba. Abu guda ta sani, jiki ya motsa ko bai motsa ba. Sunayen da ke kwalin ni na ƙirƙire su a daren Talata ina shan shayi, na manna wa baiwar Allah ɗaya a gaban yara. Na yi wa kyamara dariya a Janairu, na dawo na yi abin da ta yi da hannuna.

Kuma ko da sunan ya dace, ko da kwalin ya ce kewa, laifin na nan. Shekara guda tana riƙe da abinta, ita ta zaɓi haka, na zo na kunna masa fitila 299.

Na karanta cewa tun 2 ga watan nan dokar Tarayyar Turai ta hana amfani da na'urorin gane yanayin zuciya a wuraren aiki da makarantu. Da na ga labarin a farkon wata na ce tsoro ne irin nasu. Yau ban ce haka ba.

Abin da na sauya. Na yage kwalin. Na cire ja da zinare da shuɗi, saura launi ɗaya, fari mai ɗan ɗumi kamar na fitilar ƙwai. Zagayen na bin bugun zuciya, in fata ta motsa hasken ya faɗaɗa zuwa gefe, a hankali cikin daƙiƙa goma, ba fat ɗaya ba. Na goge sashen da ke adana lambobin kowa a laftof, har da na ranar Asabar. Sannan mutum ɗaya zai riƙa shiga, shi kaɗai.

Lahadi, 2 ga Maris

Azumi ya kama jiya. Aiki ya koma bayan asham. Zana uku da gora don kewaye, N9,000. Jimla: N165,700.

Juma'a, 7 ga Maris

Na kafa zanar, na rataya labule a ƙofa. Haske na tsiyaya ta ramukan saƙar, na waje zai iya gane ya faɗaɗa ko bai faɗaɗa ba. Na lulluɓe ta ciki da tsofaffin barguna biyu. Yanzu ba a gani, amma ciki kamar tanda.

Laraba, 12 ga Maris

Fentin ƙwarya ya mutu, ko in ce gari ya kashe shi. Zafi ya shigo, zauren ya wuce digiri 31 tun kafin azahar, har dare bai sauka ba. Ƙwaryar ta washe gaba ɗaya, ka ɗora hannu ka ɗaga babu sawu. Na sa ta a randa ta yi baƙi, minti biyar a waje ta koma. An yi fentin ne don ƙasar da jikin mutum ya fi ɗaki zafi. A Kano daga Maris zuwa saukar damina ɗakin ne ke gaba. N13,000 ta sayi wata ɗaya da rabi na hunturu.

Na kankare shi da sanfefa. Ƙwaryar da launinta na asali ta fi kyau ma, ko kuwa ina lallashin kaina ne.

Gumi kuma ya juye. A Fabrairu hannu ya bushe, yanzu kowa da jiƙaƙƙen tafi yake zuwa, ma'auni na farawa daga sama. Na gyara lissafin: daƙiƙa ashirin na farko na'urar ta koyi hannun mutumin, daga nan ta auna sauyi daga inda ya fara, ba daga wata lamba da na tsayar ba.

Asabar, 15 ga Maris

Mutum shida, ɗaya bayan ɗaya. Ba na tambayar kowa abin da ya gani. Mai gyaran rediyo ya daɗe a ciki, da ya fito ya ce ƙwai uku a kusurwar hagu na rawa, in duba dalmar. Ya yi gaskiya.

Alhamis, 20 ga Maris

Daren farko na goman ƙarshe. Na dawo daga asham ina like kusurwar hagu, gidan shiru, sai na ji takun silifa. Gwaggo ce da carbi a hannu.

"Abin naka yana nan?"

"Yana nan, Gwaggo."

"Yaran fa?"

"Sun yi barci. Kuma yanzu ba mai gani sai wanda ke ciki. Ni ma ba na gani."

Ta dubi laftof ɗin da ke kan tabarma. Na rufe shi, na ɗauka na fita da shi tsakar gida. Na ji ta ja labule.

Na zauna a kan turmi. Ban duba agogo da farko ba, amma ta kai minti ashirin da wani abu, a cikin wannan zafin. Sauro ya ci ƙafata, ban motsa ba don kada ta ji ta ɗauka ina gaggauta ta.

Da ta fito ta tsaya tana gyara mayafi. Ta ce, "Kada ka wanke zanen nan."

Na ce to.

"Kuma ka sa mafici a ciki, mutum zai iya suma."

Alhamis, 3 ga Afrilu

An sha Sallah ranar Lahadi, sai yau na dawo kan lissafi. Ƙaramar fanka mai caji N12,500, faifai biyu na fifita N800. Jimla: N179,000, ban da data da kuɗin adaidaita da na daina rubutawa tun Fabrairu. Abin da ya tafi a banza: fenti, caja, ƙwai ɗaya.

Fankar ta kawo tata matsalar. Iskarta na kaɗa yadin, ɗigon na rawa ko ba kowa a ciki, kuma in ta bugi tafi tana busar da gumin, layi ya sauka. Na juya ta tana kallon bango, ya ragu, bai daina ba.

Saura: ESP32 na kaina in mayar da na aro. Batir da zai riƙe fitilun in an ɗauke wuta, tunda yanzu launi ɗaya ne kuma ba ya cika haske, na auna bai kai amfiya 4 ba, ƙarami zai isa. Firam ɗin a raba shi biyu da ƙusa mai zare, yadda yake ba ya fita ta ƙofar zaure, da kafinta a ciki ya haɗa shi. Kafin damina dole ya bar ɗakin nan, rufin na yoyo daidai inda yake tsaye.

Warin baban ya fara raguwa. Na auna ragowar alawayyon, yadi biyu da ɗan kai, zai isa labulen ciki. Asabar zan kai shi marina, in gaya wa dattijon wannan ba don launi ba ne, kada a ɗauraye shi sosai.